Mumuni da Bawansa a Gaban Alƙali

"Duk Fulanin da ke cikin dajin nan, ka rasa wanda za ka kai gaban alƙali sai Lurwanu?"

A'i ce ke faɗa, tana tsaye da muciya a hannu. Mijinta Mumuni yana zaune bisa turmi yana goge takalmi. Bai ɗago ba.

"Shi ya san aikina."

"Ya sani, amma ya taɓa faɗi? Mutumin da ranar sunan Aziza ya miƙe cikin jama'a ya ce a roƙi Allah kada yarinya ta ɗauko hancin ubanta?"

"Wasa ne."

"Alƙalin ma abokin wasanka ne?"

Mumuni ya tofa wa takalmin yawu ya ci gaba da gogewa. Ya san tana da gaskiya, shi ya sa ransa ya ɓaci.

Ga yadda abin yake. Tun yana saurayi aka ɗauki Mumuni lebura a biro, wato ofishin dabbobi na magajin garinsu, can tsakanin Urafan da Kanambakashe. Aikinsa shara, riƙon igiya, da ɗaukar akwatin ƙanƙara da ake zuba maganin rigakafi. Wata shekara aka canza wa malamin dabbobin wurin aiki. Aka ce wani yana hanya. Har yau yana hanya. Allura ta zauna a hannun Mumuni, ya soki shanu fiye da shekara ashirin, har makiyaya suna ce masa likita idan suna son a fara da garkensu. Amma a takarda lebura ne, a albashi ma lebura. Yanzu ga ritaya ta ƙarshen shekara, kuma kuɗin ritaya yana bin kategori ne, wato matakin aikin da mutum ya fita da shi. In ya fita lebura, da abin lebura zai tsufa.

Ƙungiyar ma'aikata ta ba shi lauya, wani siririn yaro mai suna Isma'ila, wanda ake ce wa Metir kamar yadda ake kiran lauyoyi, suka kai ƙara kotun Tasawa a kan a ɗaga shi zuwa kategorin masu allura. Ma'aikatar ta ce ita ba ta san zancen ba, tsintsiya ta ba shi. Metir ya ce to sai an kawo makiyayin da ya ga abin tun farkonsa. Tsofaffin da suka gani, wasu sun mutu, wasu sun yi kudu da shanunsu ba su dawo ba. Lurwanu ya rage.

Shi kuwa Lurwanu Bafulatani ne, Mumuni Babarbare. Kakan Mumuni ne ya zo daga gabas. Shi kansa bai jin Barbarci ko na gaisuwa, amma wasan da ke tsakanin Barebari da Fulani ya gaje shi cif. Kowane yana cewa ɗayan bawansa ne, kowane yana da izinin zagin ɗayan a tsakiyar kasuwa, kuma wanda ya yi fushi shi ya ji kunya. Tun suna yara suke haka. Mumuni bai taɓa jin kalma mai daɗi daga bakin Lurwanu ba, kuma da zai ji, da sai ya tambaya ko lafiya.

Ranar kasuwar Urafan Metir ya zo bisa moto, wato babur, don a gwada shaidar. Suka zauna ƙarƙashin wani gawo bayan kara, inda ake cinikin dabbobi.

"Bon. Ni ne alƙali," in ji Metir. "Malam Lurwanu, ka san wannan mutum?"

"Na san shi. Gadonshi na yi, shi da wani jaki. Jakin ya fi amfani."

"A'a. Ka ce ka san shi kawai. Shi ke yi wa shanunka allura?"

"Shina gwadawa. Saniyar da ya fara sokawa, har ta mutu in ta hango shi sai ta nemi hawa bishiya."

Mumuni ya ce, "Ta ga ubangijin mai ita ne, ladabi take yi."

Metir ya cire tabarau ya dafe goshi. Aka sake daga farko. Aka kuma sakewa. A karo na ƙarshe Lurwanu ya kai har tsakiyar magana lafiya lau, sannan ya dubi fuskar Mumuni, ya ce shi dai ba zai iya yi wa Allah ƙarya ba. Metir ya hau motonsa, ya ce a tuna masa nan gaba kada ya sake karɓar shari'ar Babarbare.

A'i ce ta gyara abin. Ita Bahaushiya ce, babu wasa tsakaninta da kowa. Ta yafa gyale ta tafi ruga da ƙafarta, ta sami Lurwanu yana ɗaure maruƙa. Mumuni bai san abin da ta faɗa masa duka ba. Ya dai ji daga baya cewa ta ambaci gwiwar mijinta da ba ta lanƙwasuwa tun da bijimi ya take shi, ta ambaci gonar da ba zai iya nomawa ba, ta ce in an gama dariya ita ce za ta zauna da tsoho da tukunya babu komai. Aka ce Lurwanu ya daɗe yana kallon igiyar da ke hannunsa.

"Je ki gida," ya ce. "Zan ɗaure bakina kamar ɗan maraƙin nan. Yini guda. Kada ki roƙi na biyu."

Labari ya bazu. Ranar shari'a ɗakin kotu ya cika tun da hantsi. Fulani sun zo da sandunansu, jandarma mai tsaron ƙofa ya sa suka jingine su a waje. Sun zo su ga yadda ɗan'uwansu zai yabi Babarbare bai shaƙe ba. Barebari ma sun zo, har da wani tsoho Maman Sani wanda aka ɗauko a amalanke, ya ce ba zai mutu bai ji wannan da kunnensa ba. Suka zauna ɓangare biyu, A'i a tsakiya ita kaɗai.

Lauyar ma'aikata mace ce, Metir Sa'adiya, gajera, mai magana a hankali. Ta ce mutumin nan lebura aka ɗauke shi, in ya taɓa allura to karambani ne. Alƙali ya sa a kira shaida.

Lurwanu ya fito. Ya cire malfa. Ya kafa idonsa a kan ƙafar tebur, don ya san in ya dubi Mumuni an gama.

"Ka san mai ƙara?"

"Na san shi."

Ɗaki ya yi tsit ana jiran sauran. Sauran bai zo ba.

"Wa ke yi wa shanunku rigakafi?"

"Shi."

"Tun yaushe?"

"Tun ina bin shanun babana. Yanzu jikokin jikokinsu nike kora."

"Ya iya?"

Gumi ya tsattsafo wa Lurwanu a goshi.

"Ya iya. Shekarar da ciwon huhu ya shigo mana daga arewa, babu mota, babu esansin zuba mata. Da ƙafa ya bi ruga ruga da akwati a ka. Inda ya riga ciwon isa, shanu sun tsira. Tun da aka ɗauke malamin da, ban sake ganin wani malamin dabbobi ba in ba shi ba. Hannunshi..." Ya tsaya ya ja numfashi. "Hannunshi na da kyau."

Wani Bafulatani a baya ya ce innalillahi. Maman Sani ya ce a maimaita masa, bai ji da kyau ba.

Mumuni kuwa wani abu ya same shi da bai shirya masa ba. Da fari ya ji kamar an tuɓe shi a kasuwa. Sannan daɗi ya biyo baya, ya hau masa kai kamar hayaƙi. Bafulatani, a gaban hukuma, da rantsuwa! Ya waiga ya dubi Barebari, suka gyaɗa masa kai. Ya gyara zama, ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya, har ya manta da ciwon gwiwa.

Metir Sa'adiya ta tashi. Ba ta tambayi shaida komai ba. Mumuni ta juya wa.

"Malam Mumuni, irin wannan yabo ba kowa ke samunsa ba. Mene ne tsakaninka da shaidan nan? Ɗan'uwanka ne? Surukinka? Ko yaronka ne?"

Metir Isma'ila ya koya masa amsar tun jiya: babu komai tsakaninmu sai aiki. Amma amsar da ta shekara hamsin a bakin mutum ta fi wadda ta kwana ɗaya sanin hanya.

"Wannan? Bawana ne."

Barebari suka fashe da dariya. Fulani suka yi ca. Jandarma ya buga ƙofa da tafin hannu. A cikin hayaniyar nan mutum ɗaya ne bai ɗago kai ba, magatakardan kotu, wanda aikinsa rubuta duk abin da aka faɗa. Ya rubuta.

"An rubuta?" in ji Metir Sa'adiya. "Madalla. Ranka ya daɗe, mai ƙara ya faɗa da bakinsa cewa shaida a ƙarƙashin hannunsa yake. Wanda ke ƙarƙashin hannun mutum ba ya yi masa shaida. Ban ma taɓo zancen cewa bauta laifi ce a ƙasar nan ba."

Metir Isma'ila ya miƙe yana ta zuba Faransanci. Alƙali ya ɗaga masa hannu. Dattijo ne mai furfura a gemu, kuma ana gani yana cizon leɓe.

"Metir, zauna. Na san wasa. Ni ma ina da nawa bayin a gida." Ya yi gyaran murya. "Amma abin da ya shiga takardar kotu ya shiga. Bari mu ji ta bakin shaida. Malam Lurwanu, kai bawan mutumin nan ne?"

Da alƙali ya san Lurwanu, da bai yi wannan tambayar ba. Tun safe bakin yake ɗaure. Igiyar ta tsinke.

"Ni? Ranka shi daɗe, na yi haƙuri! Tun hantsi nike haƙuri, kowa shaida ne. Kakana ya sayi kakanshi da ƙwaryar nono guda, nonon ma tsala, kuma har gobe muna cewa an cuce mu. Shi, da matarshi, a'a, ban da ita, da takalmin nan da ya goge, duk nawa ne!"

Yanzu Fulani ke dariya. Magatakarda ya rubuta.

Metir Sa'adiya ba ta ko murmusa ba. "To ya ƙara sauƙi, ranka ya daɗe. In mai ƙara mallakar shaida ne, duk abin da aka ƙara masa a albashi aljihun shaida zai shiga. Ke nan kansa yake yi wa shaida. Ko ta nan ko ta can, maganarsa ta faɗi."

Mumuni ya sauke ƙafarsa daga kan ɗayar. Ya dubi A'i. Ba ta dube shi ba, tana kallon bango kamar mai auna inda za ta buga kai.

Alƙali ya ce hanya ɗaya ce. Kowannensu ya tsaya a wurin nan, a gaban mutanen nan, ya faɗa da ƙarfi cewa bai mallaki ɗayan ba, ba a kuma taɓa mallakarsa ba, a rubuta. In sun faɗa, shaida ta tsaya. In sun ƙi, ya jefar da ita, kuma babu wata. Ya ba su zuwa bayan azahar.

A waje aka kewaye Mumuni. Maman Sani ya kama masa riga daga cikin amalanke.

"Kai yaro, ba kai ka tara su ba, ba kai za ka ƴanta su ba. Wa ya ba ka izini? In ka faɗi wannan, gobe da wane ido za mu shiga kasuwa?"

"Baba, ritaya ce."

"Mu da ba mu da ritaya mun mutu? In dole ne, bari shi ya fara. Wanda ya fara shi ya sare."

Can gefen rijiya Fulani sun kewaye nasu, kuma daga yadda sandunan ke motsi, magana ɗaya ake yi.

A'i ta jira har aka watse alwala, sannan ta matso.

"Mai bawa, sannu."

"A'i..."

"A'a, ni murna nike. Tunda muna da bawa, mi za mu yi da kategori? Ran da hatsi ya ƙare sai mu dafa shi. Ka dai tambaye shi ko shina nuna da wuri, don itace ya yi tsada."

Ta wuce ta bar shi da buta a hannu.

Metir Isma'ila ya zo da dabara: su faɗa tare, baki ɗaya, babu na farko babu na biyu. Aka kai wa dattawan ɓangare biyu, suka yarda. Da aka koma ciki ya roƙi alƙali. Magatakarda ya ce shi hannu ɗaya gare shi, amma zai yi ƙoƙari. Aka tsayar da su kafaɗa da kafaɗa. Metir ya ɗaga hannu, ya sauke.

Shiru.

Kowane ya buɗe baki, ya bar shi a buɗe, yana satar kallon ɗayan ta wutsiyar ido. Aka sake. Wannan karon Mumuni ya yi tari, Lurwanu ya ce "Uhm." Alƙali ya dubi agogo, ya fara tattara takardunsa.

Ƙarar takardun ce ta shiga kunnen Mumuni. Ya ji gwiwarsa tana zafi. Ya tuna tsintsiyar biro, wadda har yanzu shi ke ɗaukarta kowace safiya kafin ya ɗauki allura, don ba a taɓa ɗaukar wani leburan ba. Ya ga kansa a zaure, tsoho, yana jiran abin da bai isa cefanen mako ba. Bayansa ya ji numfashin Barebari.

"Ranka shi daɗe."

Alƙali ya tsaya.

"Ba bawana ba ne." Muryar ta fito ƙarama. Aka ce ya ɗaga. "Lurwanu ba bawana ba ne. Ban taɓa mallakarshi ba. Kakana ma bai mallaki kakanshi ba."

Maman Sani ya ce a fitar da shi, iska yake so.

Fulani suka washe baki. Ga nasara ta faɗo musu a hannu. Abin da ya rage wa Lurwanu kawai ya ce, kun ji dai, shi ya faɗa, ni ban faɗa ba. Da an shekara ɗari ana ba da labarin a ruga. Wani ma ya fara miƙewa don ya riga kowa kai labari waje.

Lurwanu ya daɗe yana juya malfarsa. Mumuni bai dube shi ba. Ya riga ya san abin da zai zo, don da shi ne a wurin, ya san abin da zai yi.

"Ni ma," in ji Lurwanu.

"Kai ma me?" in ji alƙali.

"Ni ma, Mumuni ba nawa ba ne. Babu ƙwarya, babu nono. Mutum ne mai kanshi." Ya dubi magatakarda. "A rubuta, kafin in warke."

Aka rubuta. Shaida ta tsaya. Metir Sa'adiya ta rufe jakarta, don ba ta da wata makama. Kafin kaka hukunci ya fito: a ɗaga Mumuni zuwa kategorin masu allura, da shi zai yi ritaya. A'i ta yi guɗa har maƙwabta suka leƙo. Barebari kuwa ba wanda ya zo barka. Maman Sani ya aiko a gaya masa ya ci shi kaɗai.

Bayan an cire amfanin gona aka buɗe rigakafin shekara, na ƙarshe a hannun Mumuni. Aka tara garke a shingen ƙarfe da ke bayan gari. Da layi ya zo kan shanun Lurwanu, suka tsaya fuska da fuska, karo na farko tun Tasawa.

"Ina kwana, Malam Mumuni."

"Lafiya lau, Malam Lurwanu. Ina gajiya?"

"Babu gajiya. Ya iyali?"

"Lafiya. Ya shanu?"

"Sun gode."

Suka gaisa kan gida, kan sanyi, kan hanya, har gaisuwa ta ƙare. Suka tsaya kamar baƙi biyu a tasha. Mumuni ya juya ya cika allura.

Yana kan saniya ta uku, wata ja mai karyayyen ƙaho ta juyo ta zabga masa ƙafa a cinya. Ya yi sama, hula ta yi gabas, allura ta yi yamma, ya faɗo zaune daɓas a cikin kashin shanu ɗanye, har ya fantsamo masa gemu.

Duk shingen ya tsaya. Makiyaya suka juya gaba ɗaya suka dubi Lurwanu. Irin wannan rana ce mutum ke roƙon Allah ya nuna masa. Mumuni kansa, yana zaune cikin ɗumin kashin, ya ɗaga kai yana jira. Ya ma fara shirya amsa.

Leɓen Lurwanu ya yi rawa. Ya cije shi. Ya matso ya miƙo hannu.

"Sannu," ya ce.

Harbin saniyar bai kai wannan zafi ba. Mumuni ya dubi hannun, bai kama ba. Ya dubi makiyayan, suka kawar da kai. Babu abin da ake ji sai ƙarar ƙaho a jikin ƙarfe.

"Lurwanu," ya ce a hankali, "alƙalin nan... ya ce har a daji mu bar wasa?"